Ruwan Da Ke Ajiye Murya: Wa Zai Ɗebi Muryar Kakanninmu Kafin Ta Ƙafe?

A ce akwai wata duniya da ba tamu ba. A can akwai wani ruwa mai kauri kamar zuma, mai sheƙi kamar azurfa. In ka buɗe tulu ka yi magana a ciki, sai ruwan ya haɗiye maganar ya riƙe. Ka toshe bakin tulun ka tura ƙarƙashin gado. Bayan shekara 50 jikanka ya buɗe, sai ga muryarka ta fito ɗungurungum, har da tarin da ya sarƙe ka a tsakiya da dariyar da ta suɓuce maka a ƙarshe.

A kasuwar wannan duniya, waƙa da gwangwani ake auna ta. Alƙali ba ya cewa a kira shaidu, kwalba yake cewa a kawo. Amarya kan tafi gidan miji da gorar nasihar mahaifiyarta a cikin kayan ɗaki. Ɓarayin can kuwa ba ruwansu da shanu, tulunan asirin mutane suke fasawa.

Irin wannan ƙage shi ne abincin masu rubuta labaran almara da masu tsara wasannin kwamfuta. Da jin sa za ka ce zancen shan iska ne kawai. To amma ka ɗan dakata. An taɓa yin ruwa mai riƙe sauti a wannan duniya tamu, kuma yadda ya yi aiki yana da darasi babba ga duk matashin da ke da kaka ko kakanni a Dutsin-Ma, Kurfi da ƙauyukan da ke kewaye da su.

Tsohon mafarki ne

Tun kafin a san rikoda ɗan Adam ke ƙorafin cewa magana ba ta zama. Bahaushe ya ce magana zarar bunu ce, in ta fita ba ta komawa. Ba kuma komawar ce kaɗai ba ta yi, tsayawa ma ba ta yi. Kana rufe baki ta bi iska.

A shekarar 1552 wani marubucin Faransa, François Rabelais, ya ƙaga labarin matafiya cikin jirgin ruwa da suka isa wani teku mai tsananin sanyi, suka riƙa jin ihu da ƙarar makamai alhali ba su ga kowa ba. Ashe hayaniyar wani yaƙi ce da aka gwabza a hunturun baya ta daskare kamar ƙanƙara, yanzu da zafi ya fara sai take narkewa. Shekaru 80 bayan haka, a 1632, wani Bafaranshen ya rubuta labarin mutanen da ke magana a cikin soso su aika wa na nesa, wanda aka aika wa ya matsa ya ji saƙo.

Mu ma nan gida tunanin ba baƙo ba ne. Yaron da ya tashi a ƙasar Hausa ya san rubutun sha, ya san malam na yin tofi a ruwa a ba marar lafiya. Wannan fage ne na addini, na malamai ne, ba shi muke tattaunawa ba. Abin lura dai shi ne kunnen Bahaushe ya saba da batun ruwa ya ɗauki kalma.

Kimiyya ta fara kama sauti ne da hayaƙi. Wani mai aikin ɗab'i a birnin Faris, Édouard-Léon Scott de Martinville, ya ƙera na'urar da ke zana girgizar murya a kan takardar da aka turara da hayaƙin fitila. A ranar 9 ga Afrilu, 1860 ya zana wata 'yar waƙa. Shi kansa bai taɓa sauraron ta ba, don na'urarsa zane kawai ta iya. Sai a 2008, bayan shekara 148, masana a Amurka suka sa kwamfuta ta karanta zanen, muryar ta fito. Thomas Edison kuma a 1877 ya zo da garmaho mai ɗauka ya kuma maimaita.

Ruwan zaiba, ƙwaƙwalwar kwamfuta

Yanzu ga ruwan da na yi maka alkawari. A ranar 6 ga Mayu, 1949, wata kwamfuta mai suna EDSAC ta gudanar da aikinta na farko a Jami'ar Kambirij da ke Ingila, ƙarƙashin jagorancin Maurice Wilkes. Girmanta ya cika ɗaki. Ƙwaƙwalwarta kuwa, wato abin da a wayarka ake kira memori, bututu ne na ƙarfe masu tsawon kusan mita ɗaya da rabi, cike da zaiba, ruwan ƙarfen nan mai sheƙi da ke cikin tsohon ma'aunin zafin jiki na asibiti.

Ga yadda abin yake. A kowane bakin bututu akwai ɗan dutsen ƙarau na musamman. In aka ba na farko wutar lantarki sai ya girgiza, girgizar ta zama sauti, irin mai tsananin kaifin da kunnen mutum ba ya ji. Sautin ya ratsa zaiba da gudun kusan mita 1,450 a daƙiƙa ɗaya. A wurinmu wannan gudu ne na fitar hankali, tunda a iska sauti mita 343 kawai yake ci a daƙiƙa. Amma in aka gwada shi da gudun lantarki, tafiyar hawainiya ce. Wannan jinkirin shi ne sirrin. Kafin sautin ya isa ɗaya bakin, ana iya jera ɗaruruwan ɗigon bayanai a bayansa kamar jerin gwanon tururuwa. Da sun isa, dutse na biyu ya mayar da su lantarki, a ƙara musu ƙarfi, a gyara waɗanda suka fara dishewa, a sake tura su ta bakin farko. Haka za su yi ta zagaye, kusan sau dubu a daƙiƙa, har lokacin da kwamfuta ta buƙace su. Kwamfutar UNIVAC ta Amurka, wadda ta fito a 1951, ita ma da irin wannan ƙwaƙwalwa ta yi aiki.

Ka lura da wani abu. Zaiba ba ta ajiye sautin kamar yadda rumbu ke ajiye gero. Jinkirta shi kawai take yi. Dole sai an samu mai ji a ƙarshen bututu, ya ji, ya gyara, ya maimaita. Da wuta ta ɗauke, zagayen ya tsaya, komai ya tafi.

To, ashe ba haka tarihin baka yake ba?

Kakarka bututun zaiba ce

Ɗauki sunan Dutsin-Ma. Labarin da ake bayarwa shi ne wani maharbi mai suna Ma ya zauna a kan dutsen da ke garin, mutane suka riƙa cewa za su dutsen Ma, har sunan ya bi garin. Ma bai bar takarda ba, balle faifai. Labarin ya iso gare mu ne saboda wani ya ji, ya riƙe shekara 60 ko 70, ya faɗa wa yaro kafin ya kwanta dama. Shi ya sa ake cewa kunne ya girmi kaka.

Haka jerin sunayen waɗanda suka riƙe sarautar Yandaka a Dutsin-Ma da ta Maradi a Kurfi yake a bakin maroƙa da makaɗan fada. Haka kirarin mafarauta da na maƙera. Haka waƙoƙin daka, na niƙa, na daɓe da na gaɗa. Haka sanin iyakar gonar gado, wace kuka ce shaida, wace tsamiya ce ta raba. Haka sunayen tsofaffin irin dawa da gero, da wanne ke jure fari. Mafi yawan wannan ilimi ba ya cikin kowane littafi. A ƙirjin tsofaffi yake zagayawa, a Karofi da Shema da Makera, a Birchi da Wurma da Rawayau da Tsauri.

Matsalar ita ce mai jin da ya kamata ya tsaya a ƙarshen bututun, wato ni da kai, ya sa abin sauraro a kunne yana kallon TikTok. Injin niƙa ya kashe waƙar niƙa, siminti ya kashe waƙar daɓe, hirar dare ta koma hirar guruf. Ba laifin inji ba ne, don babu mai son uwarsa ta koma durƙuso a gaban dutsen niƙa. Amma aikin ne ya tafi da waƙarsa, ba wanda ya tsaya ya ce ta bar mana kwafi.

Ga kuma rashin tsaro. Duk tsohon da aka raba da ƙauyensu ya dawo raɓe a gidan dangi a cikin gari, an raba shi da abubuwan da ke tayar masa da labari: rijiyar, dandalin, kukar, abokan hirar. Irin waɗannan tsofaffi sukan yi shiru. Shirun nan kuwa asara ce da ba a lissafa ta cikin asarar shanu da hatsi.

Waɗanda suka ɗiba, da abin da ya zube

An yi waɗanda suka gane haka tun da wuri. Tsakanin 1911 zuwa 1913 Frank Edgar ya buga littattafai uku na tatsuniyoyi da labaran Hausa da malamai suka rubuta. Daga ƙarshen 1949 zuwa farkon 1950 wata Baturiya, Mary Smith, ta zauna da wata tsohuwa, Baba ta Karo, a ƙasar Zazzau, tana rubuta tarihin rayuwarta daga bakinta. Baba ta rasu a 1951, littafin ya fito a 1954, kuma har gobe yana cikin manyan madogara kan rayuwar matan Hausa kafin zuwan Turawa da bayansa. Kalmomin Baba sun tsira. Amma yadda take jan magana, inda take sassauta murya, inda take fashewa da dariya, wannan takarda ba ta iya riƙe shi.

Nan kudu da mu, Musawa ta fitar da mutum biyu da suka nuna darajar murya. Marigayi Dakta Yusufu Bala Usman ya bi garuruwa da ƙauyuka yana hira da tsofaffi, ya haɗa da rubutattun takardu, kafin ya fitar da littafinsa kan sauye-sauyen tarihin Katsina daga 1400 zuwa 1883, wanda aka buga a 1981. Sai Alhaji Mamman Shata, wanda ya rasu ranar 18 ga Yuni, 1999. Yau yaron da aka haifa bayan rasuwarsa yana jin sa a waya kamar yana raye. Me ya jawo? Wasu ne suka danna rikoda, a gidajen rediyo irin na Kaduna, a kamfanonin faifai, da wuraren biki. Duk waƙar da ya yi a inda babu rikoda, ta tafi tare da waɗanda suka halarta. Ko littafin tarihinsa, Shata Ikon Allah, da Ibrahim Sheme da abokan aikinsa suka fitar a 2006, da hirarraki da tsofaffin kaset aka gina shi.

A Kurfi, marigayi Maradin Katsina Alhaji Ahmadu Kurfi, wanda ya riƙe sakataren hukumar zaɓe ta ƙasa a zaɓen 1979, ya bar littattafai da ya rubuta da hannunsa. Shi Allah ya ba shi ilimin boko da alƙalami. Tsararrakinsa nawa ne a gundumar da suka ga zamanin En'e, suka ga 'yancin kai, suka tafi ba wanda ya tambaye su komai?

Kaset ɗin ma da muke taƙama da shi yana da wa'adi. Kamfanin Philips ne ya fito da shi a 1963, kuma zaren cikinsa ba ya shiri da zafi, raɓa da ƙura, abubuwa ukun da ɗakunanmu ba su rasa ba. A 2019 hukumar UNESCO da ƙungiyar masu adana sauti ta duniya suka yi gargaɗin cewa wajajen 2025 na'urorin kunna irin wannan zare da kayan gyaransu za su yi wuyar samu. Ka tambayi kanka, yaushe rabonka da ganin rediyo mai kaset da ke aiki? Amma a gidaje da yawa akwai kwali ko tsohuwar adaka cike da kaset: tafsirin malamin gari, kiɗan bikin iyaye, da saƙon murya da 'yan ci-rani da alhazai ke aikowa gida a da.

Tulun da ke aljihunka yana yoyo

Wani zai ce, "Haba, ai mu zamaninmu komai a ajiye yake." Gaskiya ne ba a taɓa yin zamanin da ake ɗaukar murya kamar namu ba. A 2022 WhatsApp ya ce saƙonnin murya biliyan 7 ake aikawa ta cikinsa kowace rana. Mu da iyayenmu da yawa ba sa karanta rubutun boko, saƙon murya ya zame mana wasiƙa.

Sai dai ina saƙonnin da aka turo maka shekara uku da suka wuce? Waya ta faɗa ruwa, ko an fizge ta, ko memori ya cika ka share komai don ka samu wurin sabon fim. WhatsApp kan goge asusun da ya yi kwana 120 ba a hau ba. Google ma ya ce daga Disamba 2023 zai iya goge asusun da ya shekara biyu ba a taɓa shi ba. A 2019 dandalin MySpace ya amsa cewa waƙoƙi kusan miliyan 50 da mutane suka ɗora tsawon shekara 12 sun salwanta wajen sauya rumbun ajiya.

Mu nan ba sai an ba mu labari ba. A watan Satumba na 2021 an rufe layukan sadarwa a ƙananan hukumomi 13 na Jihar Katsina saboda matsalar tsaro, Dutsin-Ma da Kurfi na ciki. An yi watanni babu kira, babu data. Duk abin da mutum ya ajiye a intanet kawai, a lokacin tamkar ya ajiye shi a bayan teku ne.

Yadda za ka ɗiba

Ba ka buƙatar kayan gidan rediyo. Wayar hannunka ta isa, in ka kiyaye 'yan abubuwa.

Fara da neman izini, cikin ladabi. "Kaka, ina so in ɗauki hirarmu don jikokinki su ji muryarki." In ta ce a'a, a'a ce. In ta yi maka wasan jika ta ce sai ka biya, ka kai goro.

Nemi ɗaki mai shiru, nesa da janareto, fanka da injin markaɗe. Rufe layin waya don kada kira ya katse. Ajiye ta a kan matashi, kamar taƙi ɗaya ko biyu daga bakin mai magana. Yi amfani da manhajar rikoda ta wayar, don saƙon murya na WhatsApp matse sauti yake yi ya rage masa kyau. Awa ɗaya a tsarin MP3 mai kyau ba ta wuce megabait 60 ba, bai kai nauyin fim ɗaya ba.

Kafin a fara, faɗi kwanan wata, sunan gari, sunan mai magana da naka. Muryar da ba a san mai ita ba rabin amfaninta ya tafi.

Kada ka ce "ba ni tarihi", za a ce maka babu. Tambayi abu ƙarami. Wane abinci aka ci ranar bikinki? Wace waƙa kuke yi in kuna daka? Tsofaffi ba sa riƙe shekara da lamba, da abin da ya faru suke riƙe ta, don haka ka yi musu matakala: lokacin da aka koma tuƙi ta hannun dama a 1972, lokacin da naira ta canji fam a 1973 da farin da aka yi a shekarar, lokacin da aka kwashi yara makarantar UPE a 1976, lokacin da aka gama madatsar ruwa ta Zobe a 1983, lokacin da aka ba Katsina jiha a 1987. Tambayi wanda ya san wurin, me ke ƙarƙashin ruwan Zobe kafin a tare kogin Karaduwa? Gonar wa, hanyar ina? In ka yi tambaya, ka yi shiru. Kada ka cike gurbin da surutunka, sau da yawa bayan dogon shiru ne zancen gaske ke fitowa.

Sannan ka yi kwafi uku: ɗaya a waya, ɗaya a memori ko fulash da za a adana a gida, ɗaya a intanet ko wurin ɗan'uwa a wani gari. Duk bayan 'yan shekaru a sake kwafewa a sabon abu. In an samu tsofaffin kaset, kada a jefar, kada kuma a cusa su a rediyon da ke cin zare. A nemi mai lafiya a juye su.

Ɗaliban Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma, wadda aka kafa a 2011, da na Kwalejin Ilimi ta Isa Kaita, ga aikin bincike a ƙofar gida. In kowane ɗalibi ɗan yankin ya ɗauki hira ɗaya tak a hutu, aka tara a laburare ko aka miƙa kwafi ga Hukumar Tarihi da Al'adu ta Jihar Katsina, cikin 'yan shekaru za a samu taskar da kuɗi ba sa saya.

Murya amana ce

A duniyar almararmu akwai ɓarayin tulu, a tamu ma akwai. Ɗaukar muryar mutum a ɓoye a watsa a guruf cin amana ne, kuma mun ga yadda yake kashe aure da abota. A yankin da ke fama da 'yan bindiga abin ya wuce nan. Hirar da aka ambaci suna, ko aka faɗi wanda ke da dukiya, ko wanda ya kai rahoto, tana iya jawo wa mutum asarar rai. Baki shi ke yanka wuya. Irin wannan a adana a gida, kada a ɗora don neman mabiya. Dokar kare bayanan jama'a da Nijeriya ta kafa a 2023 ma ta ba da muhimmanci ga yardar mutum kafin a yi amfani da bayanansa.

Ga kuma sabon haɗari. A Janairun 2023 masu bincike na kamfanin Microsoft suka nuna manhajar da ke kwaikwayon muryar mutum daga samfurin daƙiƙa 3 kacal. Ma'ana, ɗan damfara zai iya kiran mahaifiyarka da murya irin taka yana kuka a turo kuɗi. Ku yi wata kalmar sirri a gida da ku kaɗai kuka sani, kuma duk saƙon murya mai tayar da hankali a kira mai shi kai tsaye kafin a gaskata ko a tura gaba.

A ƙarshe, ajiya kaɗai ba ta isa ba. Muryar da ke kwance a fulash ba mai kunna ta, da ita da babu duk ɗaya. A kunna wa ƙanne da daddare, a koyi waƙar, a riƙe kirarin, a faɗa wa wani. Ranar 27 ga Oktoba ta kowace shekara UNESCO ta ware don tunawa da adana sauti da hotuna masu motsi, amma tsohon da ke zaure yana jan carbi ba shi da alkawari da Oktoba. In akwai caji a wayarka, yau ma rana ce. Allah ya ƙara wa iyayenmu da kakanninmu lafiya, ya jiƙan waɗanda suka riga mu.